Gloria Trevi: Kotu ta wanke ta, amma maganar ta ƙi mutuwa

Fiye da shekaru 20 bayan da wata kotu a jihar Chihuahua ta ƙasar Meksiko ta sallami fitacciyar mawaƙiyar nan Gloria Trevi daga tuhumar hannu a lalata ƙananan yara mata, har yanzu ƙurar ba ta kwanta ba.

A ranar 30 ga watan Disambar 2022 wasu mata biyu sun shigar da ƙara a birnin Los Angeles na Amurka, suna cewa ita ce ta jawo su, ɗaya tana da shekara 13 ɗayar kuma 15, zuwa hannun mutumin da ya yi lalata da su. Mawaƙiyar ta musanta zargin.

Shekara guda bayan haka ita ma ta maka wannan mutumi a kotu, wato tsohon manajanta Sergio Andrade, tana mai cewa ita ma ya gasa mata aya a hannu na tsawon shekaru.

Wannan mataki na biyu shi ne ya fi ɗaukar hankalin masu bin lamarin tun daga farko, domin a shekarun da ta yi a tsare Gloria Trevi ba ta zargi Andrade da komai ba. Kare shi ma take yi.

Daga Monterrey zuwa Televisa

An haifi Gloria de los Ángeles Treviño Ruiz a ranar 15 ga watan Fabrairun 1968 a Monterrey, birnin masana'antu da ke arewacin Meksiko, wanda aka sani da riƙo da addinin Katolika da kuma ra'ayin mazan jiya.

Tana budurwa ƙarama ta lashe wata gasar talabijin, aka ba ta gurbi a makarantar horas da 'yan wasa ta kamfanin Televisa da ke babban birnin ƙasar. A 1985 ta shiga wata ƙungiyar mawaƙa 'yan mata biyar mai suna Boquitas Pintadas, wadda Andrade ya kafa. Ya girme ta da shekaru 12, kuma a lokacin ya riga ya yi suna wajen tsara waƙoƙi da fito da sababbin taurari.

Ƙungiyar ba ta je ko'ina ba. Amma a 1989 ya shirya wa Gloria faifanta na farko ita kaɗai, kuma waƙar "Dr. Psiquiatra" da ke ciki ta karaɗe ƙasar.

Kafin a fahimci irin girgizar da ta yi, sai an dubi yadda harkar nishaɗi take a Meksiko ta wancan zamani.

Tun bayan wani gagarumin bikin kiɗa da aka yi a Avándaro a 1971, wanda ya tayar da hankalin hukumomi da malaman coci, aka kori kiɗan rock daga gidajen rediyo da manyan dandali, ya koma lunguna na kusan shekaru 15. Sai a tsakiyar shekarun 1980 kamfanonin faifai suka ga akwai kuɗi a rock ɗin da ake rerawa da Sifaniyanci, suka sake buɗe masa ƙofa.

Talabijin kuwa kusan duka a hannun Televisa yake, kamfanin da wasannin kwaikwayonsa masu dogon zango suka kai har gidajen talabijin na Najeriya. Mai kamfanin, Emilio Azcárraga Milmo, bai taɓa ɓoye biyayyarsa ga jam'iyyar PRI ba, wadda ta mulki ƙasar shekaru 71 a jere har zuwa shekara ta 2000. Duk mawaƙin da bai fito a shirin ranar Lahadi na Raúl Velasco ba, tamkar bai fara waƙa ba ne.

A irin wannan dandali, inda aka saba ganin mata mawaƙa cikin ado da natsuwa, sai ga yarinya da gashi a barbaje, da yagaggiyar safa, tana birgima a ƙasa tana ihu. Waƙoƙinta suna magana a kan cikin shege, da shaye-shaye, da munafuncin manya.

Ƙungiyoyin iyaye da na coci sun yi tir da ita, musamman saboda kalandun hotunanta na rashin sutura da ake sayarwa a bakin titi. Masu tsattsauran ra'ayin rock kuma suna ganin 'yar kasuwa ce kawai da ta ari rigarsu. Duk da haka manyan marubuta irin su Carlos Monsiváis da Elena Poniatowska sun ɗauke ta da muhimmanci, a matsayin alamar matasan da suka gaji da tsohon tsari.

Tsakanin 1991 da 1995 ta fito a fina-finai uku, biyu daga cikinsu da sunan waƙoƙinta, "Pelo suelto" da "Zapatos viejos". Jaridun waje suka laƙaba mata Madonna ta Meksiko. Yara mata 'yan firamare suna kwaikwayon shigarta.

Abin da ba a sani ba a lokacin shi ne, matar da ake yi wa kallon wadda ba mai iya juya ta, a bayan fage komai nata a hannun mutum ɗaya yake.

'Makarantar' Andrade

Farin jinin da take da shi a wurin yara mata shi ne ginshiƙin duk zarge-zargen da suka biyo baya.

Bisa bayanan da mata da dama suka bayar a kotu da kuma littattafai, ana gayyatar yarinya ne da alƙawarin za a koya mata kiɗa da waƙa, ta zama 'yar amshi, wata rana ita ma ta zama tauraruwa. Iyaye sukan amince saboda sunan Gloria Trevi. Da yarinya ta shiga, sai a raba ta da danginta sannu a hankali, a sa mata dokoki, a hore ta da yunwa da duka, daga nan kuma sai lalata.

Andrade ya auri biyu daga cikinsu suna da shekara 15. Ɗaya ita ce María Raquenel Portillo, wadda aka fi sani da Mary Boquitas. Ɗayar kuma Aline Hernández, wadda a 1998 aka wallafa labarinta a littafi, ta fasa ƙwai.

Da farko mutane da yawa sun ɗauki littafin a matsayin wani makami a yaƙin gidajen talabijin. Gwamnati ta sayar da tasharta a 1993, aka samu TV Azteca, kishiyar Televisa ta farko mai ƙarfi. Kamfanonin biyu sun yi zawarcin Gloria Trevi, ta zaɓi Televisa a 1996, kuma TV Azteca ce ta fi yayata labarin Aline, musamman a shirin tsegumi na 'yar jarida Pati Chapoy.

Ko shakka babu gabar kasuwanci ta taka rawa wajen kururuta batun. Amma wannan bai mayar da abin da aka faɗa ƙarya ba, kamar yadda ta bayyana daga baya.

A 1999 iyayen wata yarinya 'yar Chihuahua, wadda suka miƙa tana da shekara 12, sun kai ƙara bayan da aka sanar da su cewa an bar jaririn da 'yarsu ta haifa a hannun hukumomi a Sifaniya. Lokacin nan Andrade da Gloria da sauran 'yan matan sun ɓace. 'Yan sandan ƙasa da ƙasa na Interpol suka shiga nemansu.

Wani abin lura shi ne, da yarinyar ta dawo gida a ƙarshen shekarar, ta fito a talabijin ta wanke su duka. Sai bayan wani lokaci tana tare da iyayenta ta sauya magana, ta ba da shaida a kansu. Masu goyon bayan Gloria sun ce wannan ya nuna ba a iya dogaro da shaidarta. Wasu kuma suka ce, a'a, wannan ne ma ya nuna irin riƙon da Andrade ya yi wa zukatan yaran.

Kurkukun Brazil

A ranar 13 ga watan Janairun 2000 aka kama Gloria Trevi da Andrade da Mary Boquitas a birnin Rio de Janeiro. Watanni biyu kafin nan, jaririyar da Gloria ta haifa wa Andrade ta mutu tana da kimanin wata guda a duniya, kuma ba a taɓa ganin gawarta ba.

Sun yi kusan shekaru uku suna fafutukar hana a tasa ƙeyarsu zuwa gida. Sun nemi mafaka, hukumomin Brazil suka ƙi.

Ana cikin haka sai aka wayi gari a 2001 Gloria na da juna biyu, alhali tana tsare a hannun 'yan sandan tarayya a Brasilia. Ɓangarenta ya nuna cewa fyaɗe aka yi mata a wurin da ake tsare da ita, lamarin da ya jefa rundunar 'yan sandan cikin abin kunya. Wasu kuma suka yi zargin dabara ce, ganin yadda ɗan fashin jirgin ƙasan nan na Ingila, Ronnie Biggs, ya tsira a Brazil a 1974 saboda zai zama uban ɗan ƙasa.

Maganar ta kai Kotun Ƙolin Brazil, wadda a watan Fabrairun 2002 ta yanke wani hukunci da har yau ɗaliban shari'a ke nazari a ƙasar. Kotun ta ba da izinin a yi gwajin ƙwayoyin halitta a kan mabiyiyar jaririn bayan haihuwa, ba da son uwar ba, tana mai fifita mutuncin jami'an da ake zargi da na hukumar a kan sirrin mai jego. Gwajin ya nuna Andrade ne uban yaron.

A ƙarshen 2002 ta daina jayayya, aka mayar da ita Meksiko a watan Disamba, aka tsare ta a Chihuahua.

Abin da alƙali ya ce, da wanda bai ce ba

A ranar 21 ga watan Satumbar 2004, bayan shekaru huɗu da wata takwas a tsare, alƙali Javier Pineda ya sallame ta tare da Mary Boquitas da wata 'yar amshi, bisa dalilin cewa babu isassun hujjoji.

A shekarar da ta biyo baya aka samu Andrade da laifin fyaɗe da sacewa da lalata tarbiyyar yarinyar, aka yanke masa shekaru bakwai da wata goma. Da aka lissafa zaman da ya riga ya yi, sai ya fito a 2007. Ɗan'uwansa Eduardo Andrade jigo ne a jam'iyyar PRI wanda ya yi ɗan majalisar dattawa, abin da ya sa wasu 'yan ƙasar suka yi ta gunaguni a kan sassaucin hukuncin, ko da yake ba a tabbatar da wani katsalandan ba.

Akwai abubuwa biyu da ake yawan mantawa game da wannan shari'a.

Na farko, a kan yarinya ɗaya tak aka yi ta. Sauran matan da suka ba da labarinsu shaidu ne kawai, ko kuma ba su shiga kotun ba sam. Na biyu, an yi ta ne a ƙarƙashin tsohon tsarin shari'ar Meksiko, inda alƙali ɗaya ke nazarin tarin takardu ya yanke hukunci, ba tare da an yi wa shaidu tambayoyi a bainar jama'a ba. Sai a 2008 ƙasar ta gyara tsarin mulkinta domin komawa shari'ar baka.

Saboda haka hukuncin ya tabbatar da cewa an aikata laifi a gidan, ya kuma ce masu gabatar da ƙara sun kasa nuna hannun Gloria a abin da ya sami wannan yarinya. Bai amsa tambayar da jama'a ke yi ba, wato me ta sani, kuma me ta yi a cikin shekaru 15 da ake kawo yara ana mayarwa.

Komawa fage

Mutane ƙalilan ne suka zaci za ta sake tashi. Amma watanni kaɗan da fitowarta ta saki sabon faifai, sannan a 2006 waƙarta "Todos me miran" ta mayar da ita sahun gaba. Ta auri wani lauya, Armando Gómez, a 2009, ta koma da zama jihar Texas. A 2013 Televisa ta ba ta jagorancin wasan kwaikwayo mai suna "Libre para amarte". A 2017 ta yi rangadin haɗin gwiwa da Alejandra Guzmán, wadda aka daɗe ana ɗauka a matsayin babbar kishiyarta a fagen rock na mata, suka cika manyan dandali a Meksiko da Amurka.

Ta kuma kai TV Azteca da Pati Chapoy ƙara a Texas bisa zargin ɓata suna. A 2016 Kotun Ƙolin jihar ta ce kotunan Texas na da hurumin sauraron ƙarar, tun da shirye-shiryen tashar na tsallaka iyaka, kuma kamfanin na neman tallace-tallace a can.

A duk tsawon wannan lokaci labarin da take bayarwa yana sauyawa. Da farko cewa take yi ƙazafi ne da makircin 'yan jarida. Daga baya ta koma cewa soyayya ce ta rufe mata ido. Sai a watan Oktobar 2018, a wani bikin ba da kyaututtukan waƙa a Los Angeles, ta fito fili ta ce tun tana da shekara 15 ta faɗa hannun mai cin zarafinta, kuma ta yi shekaru 17 cikin duka da wulaƙanci. Wannan ya zo ne shekara guda bayan ɓullar fafutukar #MeToo, lokacin da duniya ta fi shirin sauraron irin wannan bayani.

Masu sukarta na cewa ta zaɓi lokacin da ya dace da ita ne. To amma masana halayyar ɗan Adam sun daɗe suna bayanin cewa wanda aka rena cikin irin wannan ƙangi yakan ɗauki shekaru kafin ya iya kiran abin da sunansa, kuma an ga haka a wurin yarinyar Chihuahua ita kanta. Ba a iya karɓar wannan uzuri ga ɗaya a hana wa ɗayar.

Ƙofar da Kalifoniya ta buɗe

Abin da ya ba matan biyu damar zuwa kotu bayan kusan shekaru 30 shi ne wata doka da jihar Kalifoniya ta yi a 2019. Dokar ta ɗage wa'adin shigar da ƙara na tsawon shekaru uku, daga farkon 2020 zuwa ƙarshen 2022, ga duk wanda aka yi lalata da shi yana yaro, komai daɗewar abin. Matan sun shigar da tasu ana saura kwana ɗaya ƙofar ta rufe, suna cewa yawancin abin ya faru ne a yankin Los Angeles a farkon shekarun 1990.

Dokar ba ƙaramin tasiri ta yi ba. Ita ce ta kai ga cocin Katolika na Los Angeles ya amince a watan Oktobar 2024 zai biya dala miliyan 880 ga mutane fiye da 1,300.

Wannan ƙara ta neman diyya ce, babu batun ɗauri a cikinta, kuma wankewar da aka yi a Chihuahua ba ta hana ta, tun da masu ƙarar daban ne, ƙasar ma daban. Nauyin hujja kuma ya fi sauƙi. A shari'ar laifi sai an kawar da duk wani kokwanto mai ma'ana, a ta diyya kuwa ya isa a nuna cewa maganar mai ƙara ta fi rinjaye.

Martanin Gloria ya zo a watan Disambar 2023 ta hannun lauya Camille Vasquez, wadda ta yi suna a shari'ar ɗan wasan Amurka Johnny Depp. A takardun da suka shigar, ta zargi Andrade da fyaɗe da duka da azabtarwa, ta ce ba ta da ikon kanta balle ta cuci wani.

A nan ne gizo ke saƙa. Dokokin ƙasashe da yawa an gina su ne a kan rabe mutane gida biyu, mai laifi da wanda aka zalunta. Tsarin da ake zargin Andrade da kafawa kuwa, bisa bayanin matan, ya dogara ne a kan mayar da wadda aka cuta jiya ta zama mai kawo ta gobe. Yarinyar da ta shiga tana da shekara 15, idan ta kai 23 tana tauraruwa mai kuɗi da suna, tana gayyatar 'yar shekara 13, shin har yanzu fursuna ce, ko kuwa ta zama mai gadi? Zai yiwu duka biyun ne a lokaci guda, kuma kasancewarta ta farko bai rage wa 'yar shekara 13 ɗin raɗaɗin abin da ya same ta ba.

Ɓangarorin sun kuma kai gwagwarmayar gaban jama'a. A 2023 an nuna wani wasan kwaikwayo na tarihin rayuwarta mai suna "Ellas soy yo" a dandalin ViX na kamfanin TelevisaUnivision, da hannunta a ciki. A shekarar ce kuma Mary Boquitas ta fitar da nata bayanin a wani shirin sauti na intanet, inda labarinta ya saɓa da na tsohuwar ƙawarta a wurare da dama.

Waɗanda ba a tambaya ba

Yawan mayar da hankali a kan mace ɗaya ya sa wasu sun sha da sauƙi.

Yara 'yan shekara 13 da 14 sun yi ta shiga da fita a ɗakunan ɗaukar shirye-shirye, da otal-otal, da filayen jiragen sama, sun tsallaka iyakokin ƙasashe da dama ba tare da iyayensu ba. An ɗaura auren babban mutum da 'yar shekara 15 har sau biyu, kuma doka ta yarda da hakan a lokacin muddin iyaye sun sa hannu. Babu wani jami'in kamfanin talabijin ko na faifai da aka gurfanar a shari'ar Chihuahua. Kamfanonin da suka ci riba da tashen Gloria Trevi sun sake cin riba da labarin faɗuwarta, sannan da na dawowarta.

Iyayen ma akwai abin dubawa a wurinsu, ko da yake da wuya a yi musu hukunci mai tsanani. Yawancinsu masu ƙaramin ƙarfi ne, a ƙasar da darajar kuɗinta ta rushe a ƙarshen 1994, kuma wadda ta zo neman 'yarsu ita ce fuskar da suke gani a talabijin kowane mako.

Meksiko ta sauya dokokinta tun daga lokacin. A 2019 ta tsayar da shekara 18 a matsayin mafi ƙarancin shekarun aure a dokar tarayya, ta soke damar da iyaye ko alƙalai ke da ita ta ba da izini. A 2023 kuma ta cire wa'adin tuhuma a kan laifukan lalata da yara a dokar laifuka ta tarayya.

Sai dai sashe na 14 na tsarin mulkin ƙasar ya hana a yi amfani da sabuwar doka a kan wani saboda abin da ya wuce, idan hakan zai cutar da shi. Don haka matan da suka shiga gidan Andrade a shekarun 1980 da 1990 ba za su amfana da gyaran ba a kotunan ƙasarsu.